Kumburin ƙafa bayan haihuwa: sanyin Jos ne ya shige ta?

Tambaya: Assalamu alaikum likita. Matata ta haihu yau kwana 24, muna zaune a Unguwar Rogo. Ƙafafunta sun kumbura, tana haki da tari, da dare ba ta iya kwanciya sai an jingina ta da filo uku. Surukata ta ce sanyin Jos ne ya shige ta saboda ba ta gasu ba, don haka an ƙara zafin ruwan wanka, an ƙara mata kunun kanwa. Hankalina a tashe yake.

Amsa: Wa alaikumus salam Malam, Allah ya raya abin da aka samu. Ka kai ta asibiti yau, kada a jira gobe, ko Asibitin Koyarwa na Jami'ar Jos (JUTH) da ke Lamingo ko Asibitin Ƙwararru na Filato, a auna hawan jininta, a ɗauki hoton zuciya. Alamomin nan na raunin zuciya ne da ke kama wasu mata a ƙarshen ciki ko cikin watannin farko bayan haihuwa. Zuciyar ta gaza tura jini, ruwa na taruwa a ƙafa da huhu, shi ya sa kwanciya ke shaƙe ta.

Kalmar nan "sanyi" ta cinye mana mata da yawa. A fahimtarmu ta gargajiya mai jego jikinta ɗanye ne, dole a gasa shi da ruwan zafi da ganyen darbejiya safe da yamma har arba'in. Ni ban raina zaman jego ba. Mace na samun hutu, da abinci mai kyau, da uwa a kusa. Matsalar ita ce duk abin da ya same ta a kwanakin nan sai a ce sanyi ne, maganinsa kuma a ƙara wuta, a ƙara kanwa. To kanwa cike take da sinadarin sodiyam, irin wanda ke cikin gishiri, shi kuwa riƙe ruwa yake yi a jiki. Wadda huhunta ya riga ya cika da ruwa ake ɗura wa kofi bayan kofi! Tun shekarun 1970 likitocin asibitin Jami'ar Ahmadu Bello a Zariya suka rubuta cewa kusan mace 1 cikin 100 masu haihuwa a can na samun wannan ciwo. Binciken baya-bayan nan a Kano ya nuna akwai wasu dalilan, kamar ƙarancin sinadarin seleniyam, amma ko mene ne mafari, kanwa da tururi ƙara wa zuciyar nauyi suke yi. Sau nawa ake kawo mana mai jego bayanta duk tabon ƙuna, ka danna ƙafarta da yatsa ramin ya ƙi tashi, ga robar "maganin sanyi" da aka saya wurin masu talla da lasifika a kasuwar Taminus? Waɗannan mutane ba su taɓa sauraron bugun zuciyar kowa ba, su ji tsoron Allah.

Ciwon yana da magani, mata da dama na warkewa idan an kama shi da wuri. Amma kada ta sake ɗaukar ciki sai likita ya tabbatar zuciyar ta dawo.

Kada ka yi gardama da Hajiya, don ƙauna take yi. Ka roƙe ta ta raka ku, ta ji bayanin daga bakin likita. Kafin nan a dakatar da kanwar, wanka kuma da ruwa mai ɗumi.