Tambaya da Amsa: Yadda Kwamfuta Ke Karanta Haruffan DNA

Assalamu alaikum jama'a, barkanmu da wannan makon. Saƙonni sun taru sosai kan maganar DNA da kwamfuta, na zaɓi guda huɗu, ta farkon zan ɗan daɗe a kanta don ita ce tushen sauran.

TAMBAYA: Slm Malam, dan Allah a taimaka min. Ni ɗaliba ce ajin ƙarshe a maikirobayoloji, a Agege nake zaune. Furojet ɗina kan bakteriyar ruwan rijiya ne, mun tura samfur an dawo mana da wasu haruffa A C G T dogaye ba kai ba gindi, sufabaiza na ya ce in saka a BLAST. Na saka ya nuna min 99% da wani E-value 0.0, wlh ban gane komai ba, shin sifilin yana nufin aikin ya lalace ne?
Daga wata ɗaliba, Agege

AMSA: Wa'alaikumus salam ƙanwata, kwantar da hankalinki, sifilin nan abin farin ciki ne, amma bari mu faro daga tushe don ki iya kare kanki ranar difens.

DNA ɗin kowane mai rai rubutu ne da haruffa huɗu kacal, A da C da G da T, na ɗan Adam ya kai haruffa biliyan 3, na ƙwayar korona kusan dubu 30, wanda aka ba ki kuma ina kyautata zaton guntun 16S ne, wato ɓangaren DNA da ake amfani da shi wajen gane bakteriya, wanda cikakkensa bai wuce haruffa 1,500 da 'yan kai ba. Aikin farko a wannan fannin da ake ce ma bayo'infomatiks shi ne a jera rubutu biyu ɗaya a saman ɗaya a ga inda suka dace da inda suka saɓa. Ki rubuta "tumatir" a sama "tumatur" a ƙasa, harafi shida sun dace ɗaya ya canza. Toh ki gwada "gishiri" da "gishri", kinga nan sai kin bar gurbi a na biyun kafin su hau kan juna, in ba haka ba duk haruffan ƙarshe za su goce. Haka kwamfuta ke yi, tana ba da maki in harafi ya dace, ta cire maki in ya saɓa, ta ƙara cirewa in an buɗe gurbi, sai ta nemo jerin da ya fi kowanne maki. Needleman da Wunsch ne suka fito da hanyar lissafin a 1970, Smith da Waterman suka gyara ta a 1981 yadda za a iya neman guntun da ya fi dacewa kawai ko da sauran bai yi kama ba.

Matsalar ita ce waɗannan hanyoyin suna da nauyi, in za ki gwada naki da duk abin da ke cikin GenBank, rumbun ajiyar jerin haruffan DNA da aka buɗe tun 1982 kuma kullum ƙaruwa yake, za ki jima kina jira. Shi ya sa aka yi BLAST a 1990, manhajar da ke nemo jerin da ya yi kama da naki a rumbun, shi dabararsa ya fara neman 'yan gajerun wuraren da suka dace tsaf, kamar haruffa 11 ko 28 a jere, in ya samu sai ya faɗaɗa hagu da dama, inda bai samu ba ko kallo ba ya yi.

Yanzu maganar E ɗin, kuma ni a ganina ita ce zuciyar abun gaba ɗaya. Ki je kasuwar Mile 12 da safe lokacin sauke kaya ki ɗaga murya ki ce "Musa!", mutum nawa za su waiwayo? Da yawa, kuma ba lallai wanda kike nema na ciki ba. In kika haɗa da sunan mahaifinsa da garinsu da unguwarsu, wanda ya amsa to shi ne. Haruffa 10 na DNA ana iya tsara su ta hanya 1,048,576, kinga a cikin haruffa biliyan 3 kowane irin tsari zai iya fitowa kusan sau dubu 3 haka kawai bisa katari, babu wata dangantaka. Amma haruffa 20 tsarinsu ya haura tiriliyan ɗaya, dacewa a nan ba kasafai take zuwa a banza ba. Lambar E tana gaya miki ne sau nawa ake sa ran samun dacewa mai kyau kamar taki bisa katari a rumbu mai wannan girman. In ta nuna 5 kar ki yarda da ita, in ta nuna 0.0 ma'anarta lambar ta yi ƙanƙantar da manhajar ta mayar da ita sifili, wato kamannin na gaske ne.

Sai dai ga inda ɗalibai da yawa ke faɗawa, kuma abun yana damuna sosai duk lokacin da na gani a furojet. Suna ɗaukar sunan da ya fito a layin farko su rubuta shikenan an gano ƙwaya. Lambar E ta ce akwai dangantaka, ba ta ce ga ainihin jinsin ba. Bakteriyar E. coli da ta Shigella misali, 16S ɗinsu kusan ɗaya ne, dacewar haruffa 99% ba za ta raba miki su ba sai kin haɗa da gwajin lab. Sannan GenBank kowa na iya tura nasa, akwai waɗanda aka sa musu sunan da ba daidai ba, don haka ki duba layuka goma na farko ki ga ko bakinsu ɗaya, ki duba kashi nawa na jerinki aka rufe a kwatancen, 99% a kan rabin jeri ba daidai yake da 99% a kan dukansa ba. Kuma kafin komai ki nemi fayil ɗin ab1, wato ɗanyen sakamakon da na'urar karanta DNA ta fitar, daga waɗanda suka yi miki aikin, ki buɗe ki yanke farko da ƙarshe inda layukan suka cakuɗe, yawanci haruffan wajen ba abin dogaro ba ne.

TAMBAYA: Malam barka da aiki. Ni ɗan kasuwa ne ina sayar da albasa. Lokacin korona na ji a rediyo ana cewa an gano wannan nau'in daga ƙasa kaza ya zo, wancan daga ƙasa kaza. Ni dai abun bai shige ni ba, cuta tana da fasfo ne? Ta yaya na'ura za ta san haka, ko dai siyasa ce kawai?
Daga wani mai karatu, Mile 12

AMSA: Alhaji tambayarka a kan hanya take. Ka tuna yadda ake kwafar littafi da hannu a makarantun zaure kafin buga littattafai ya yawaita. Almajiri ya kwafa daga na malaminsa ya tsallake kalma ɗaya, duk wanda ya kwafa daga nasa zai gaji wannan tsallaken, wani a cikinsu ya ƙara nasa kuskuren, na bayansa su gaji biyu. In aka tara kwafi 50 a gaban masani zai iya cewa waɗannan daga gida ɗaya suka fito, wannan ya girmi wancan, ba tare da ya ga marubutan ba. Ƙwayar cuta ma kwafar kanta take yi a jikin mutum, tana kuskure jefi-jefi, korona a farkonta kamar canji biyu take tarawa a wata. Kwamfuta sai ta jera dubban samfura ta zana bishiyar salsala, ta lissafa wace bishiya ce ta fi yiwuwa ta haifar da waɗannan bambance-bambancen.

Kuma an yi wannan aikin a nan gida. Mutum na farko da aka tabbatar yana da korona a Najeriya ɗan Italiya ne, a nan Legas ranar 27 ga Fabrairu 2020, cikin 'yan kwanaki cibiyar ACEGID ta Jami'ar Redeemer's da ke Ede ƙarƙashin Farfesa Christian Happi tare da cibiyar binciken lafiya ta NIMR da ke Yaba suka karanta haruffan ƙwayar, wannan ne karo na farko da aka karanta su a duk Afirka. Wanda ya fi burge ni ma shi ne na zazzaɓin Lassa a 2018, masu cutar sun yi yawa har aka fara tsoron ko sabon nau'i ne mai saurin bi daga mutum zuwa mutum. Da aka karanta samfuran marasa lafiya na asibitin Irrua a jihar Edo sai aka ga ƙwayoyin sun bambanta da juna sosai, ba reshe ɗaya ba ne, wato akasari kowa daga ɓera ya ɗauko nasa. Kaga wannan ya nuna inda za a sa ƙarfi, rufe abinci da korar ɓeraye, kai da ke da shago da buhuna maganar ta shafe ka kai tsaye.

Inda zarginka ke da gaskiya shi ne, bishiyar tana ganin samfuran da aka ba ta ne kawai. Ƙasar da ta fi yin gwaji ita za ta fara ganin sabon nau'i ko da ba can ya ɓulla ba. Botsuwana da Afirka ta Kudu sun sanar da nau'in korona na Omikron a Nuwamba 2021, sakamakon da suka samu shi ne aka rufe musu hanyoyin jiragen sama, wannan kam bai yi min daɗi ba ko kaɗan, mutanen sun yi aikinsu ne da gaskiya.

TAMBAYA: Malam ina cikin damuwa. Ni AS ce, wanda zan aura ya yi gwajin jenotaif wani lab ya ce AA wani ya ce AS. Wata ƙawata ta ce mu yi gwajin DNA na kwamfuta. Ya zan yi, an kusa sa rana.
Daga wata baiwar Allah, Idi-Araba

AMSA: 'Yar'uwa Allah ya zaɓa miki mafi alheri. Sikila harafi ɗaya ne tak ya canza a ƙwayar halittar HBB, wato guntun DNA mai kula da sinadarin jan jini, inda ya kamata a ga GAG sai aka ga GTG, don haka karanta DNA zai nuna shi ƙarara, sai dai yana da tsada kuma ba sai kun kai can ba tukuna. Ku je babban asibiti ku nemi a maimaita da na'urar HPLC, ta fi tsohon gwajin da ƙananan lab ke yi inganci, kuma in an ƙara masa jini a 'yan watannin nan ya gaya wa likita don hakan na rikita sakamako. Ku je tare ki ga takardar da idonki. In ya tabbata AS ne, kowane ciki yana da yiwuwar 1 cikin 4 ya zo SS, kuma lissafin sabo yake komawa a kowane ciki, ba wai in an haifi ɗaya mai sikila ukun da ke biye sun tsira ba. Dan Allah a yi wannan kafin sa ranar.

TAMBAYA: Malam ina so in koyi wannan fannin amma laftof ɗina tsoho ne na Computer Village, zai iya?
Daga wani matashi, Obalende

AMSA: Zai iya ƙanena. BLAST a shafin NCBI yake kyauta, wato cibiyar da ke riƙe da GenBank, Galaxy ma haka, shi ma shafin nazarin DNA ne, a kwamfutocinsu ake yin lissafin kai data kawai za ka saya. Ka fara da tsarin kwamfuta na Linux, sai yarukan rubuta manhaja Python da R, kuma kar ka gudu daga lissafin yiwuwa da ƙididdiga don in babu su danna maɓalli kawai kake yi. Aikin gwaji na wannan makon, ka sauke jerin HBB na mutum daga GenBank, ka saka shi a BLAST ka ga na waɗanne dabbobi ne suka fi kusa da namu, ka turo min abin da ka samu da lambar E ɗin kowanne, zan duba a fitowa ta gaba in sha Allah.