Amsa ga ɗan ƙanena game da sharhi a talabijin

Ɗana, saƙonka ya iso ni, inda kake cewa wani gidan talabijin ya nemi ka riƙa zuwa sharhi kan siyasa da al'amuran yau da kullum, kana kuma tambaya ko al'ada ta yarda matashi ya zauna gaban jama'a yana sukar shugabannin da suka haife shi.

Al'adarmu ba ta taɓa hana faɗa wa mai mulki gaskiya ba. Malam Aminu Kano yana da kimanin shekara 30 aka kafa jam'iyyar NEPU a 1950, kuma sarakuna da hukumar En'e ya tunkara, a zamanin da yin haka kan kai mutum gidan yari. Abin da al'ada ta tsare shi ne harshe. Idan za ka ambaci gwamna ka ce mai girma gwamna, sarki kuwa mai martaba, sa'an nan ka kawo adadin kuɗin da aka ware wa asibiti a kasafi, ka faɗi abin da ka gani da idonka ranar da ka shiga ɗakin haihuwa ka tarar babu wuta. Kada ka taɓa iyayen mutum, ko asalinsa, ko iyalinsa. Na taɓa zama a majalisar ƙofar gida muna kallon wani saurayi mai hujja sosai a talabijin, amma da ya kira wani dattijo da gatsal ɗin sunansa, sai maigidan ya miƙa hannu ya kashe akwatin.

Fargabata a wani wuri take. Tun da aka buɗe talabijin a Kaduna a 1962, gwamnati ce kaɗai ke da bakin magana, har zuwa 1992 da aka kafa hukumar NBC mai kula da gidajen rediyo da talabijin aka fara ba 'yan kasuwa lasisi. Yawaitar tashoshi ta zo da waɗanda Kanawa ke kira sojojin baka, masu sayen fili su yabi ubangida su zagi abokin hamayyarsa. Maroƙi dai kowa ya san maroƙi ne, ba ya ɓoye wanda ya ba shi riga. Mai sharhi kuwa da sunan adalci ake sauraronsa, don haka ranar da aka miƙo maka ambulan bayan shiri aka ce na mai ne, ka yi godiya ka bar shi a kan tebur.

Kafin ka amsa musu, ka je ka sanar da mahaifinka da kanka, domin shi za a fara tarewa a masallaci idan ka yi ɓaram-ɓarama.