Tsohuwa Mai Kaɗin Labarai: Yaya Zan Haɗa Labaraina da Zare Ɗaya?

TAMBAYA: Assalamu alaikum Malam. Ni malamar firamare ce a wani ƙauye kusa da Ringim, ina rubuta gajerun labarai. Na ƙirƙiro wata tsohuwa da ido ba ya gani, tana zaune a kogon kuka tana kaɗi, kowane zare da ya fito daga mazarinta labari ne. In wani ya saɓa alkawari a wannan labarin, sai zare ya harɗe a wancan. Yaya zan yi abin ya zauna daidai? Kuma wasu sun ce ina wasa da shirka.

AMSA: Wa alaikumus salam Malama. Tsohuwar nan taki ta yi, sai dai ki sani ba ita za ta riƙe labaran ba, dokarta ce za ta riƙe su.

Ki tuna tatsuniyoyin da aka yi mana a tsakar gida bayan sallar isha'i. Ba wanda ya taɓa zaunar da mu ya bayyana mana tsarin duniyar Gizo, amma da an ce "ga ta nan ga ta nanku" kowa ya san ƙasar da ya shiga. Gizo wayo da haɗama, Ƙoƙi haƙuri, Kura kwaɗayin da ke kai ta ga halaka, Dila malamin daji. Sannan ga tsohuwar bakin rafi mai cewa a cuɗa mata baya: 'yar bora ta cuɗa da ladabi ta samu arziki, 'yar mowa ta yi ƙyama ta kwashi wahala. Daga ina tsohuwar take, wa ya ba ta iko? Ba a faɗa ba, ba kuma yaron da ya tambaya, domin dokar ba ta taɓa canzawa. Abin da ya haɗa ɗaruruwan tatsuniyoyin da wani Bature mai suna Frank Edgar ya tara ya buga cikin littattafai 3 tsakanin 1911 da 1913 ke nan, alhali daga bakuna daban-daban aka karɓo su.

Saboda haka ki zauna ki yanke wa mai kaɗin nan ƙa'ida biyu ko uku, ki rubuta a takarda ki ɓoye, kada ki karanta wa mai karatu. Wane irin laifi ne ke harɗe zare? In saɓa alkawari ne, to ya tsaya nan, kada gobe ki ƙara da sata don kawai labari ya cije miki. Wa ke ɗaukar nauyin harɗewar? Nan ne daɗin yake. A ce wani manomi ya ci amanar gonar marayu a labari na farko, sai a na huɗu mu ga wata amarya a wani gari, rijiyar gidansu ta ƙafe ba dalili, can a tsakiya mu gane jikarsa ce. Kuma warware zare ya zama da tsada. Wanda ya je kogon kuka neman gyara ya bar wani abu da yake so a can, ya dawo ba shi. In gyara kyauta ne, ba mai jin tsoron tsohuwar.

Kada ki yawaita fito da ita. Alama ta isa: ƙarar mazari cikin dare, ko farin alli a yatsun baƙuwar da ta roƙi ruwa. Kowane labari kuma ya iya tsayawa da ƙafarsa ga wanda bai karanta sauran ba.

Akwai wata dabara ta haɗa labarai da dangantaka. Masu bori suna cewa iskokinsu na zaune a wani birni, Jangare, mai gidaje 12, kowane iska da iyayensa da matansa da kirarinsa da kiɗansa na garaya, shi ya sa ambaton Ɗan Galadima, ɗaya daga cikin iskokin, kan jawo labarin wasu. Dabarar za ki iya ara, wato ki sa mutanen labaranki su zama dangi, surukai da maƙwabta. Sunayen kam ki bar musu abinsu. Wannan ba ƙirƙira ba ce a wurin masu yi, a wurin malamai kuma abin ƙi ne, sai ki ja wa kanki rigima ta fuska biyu.

Maganar shirka, hukunci na malaman addini ne, ki kai musu rubutun su gani da idonsu. Ta ɓangaren adabi dai, tatsuniya ba ta taɓa ɓoye cewa ƙage ce ba, da bakinta take rufewa da "ba don Gizo ba da na yi ƙarya". Shawarata, kada ki ba tsohuwar rayarwa ko kashewa ko sanin gaibu, kada wani a labarin ya roƙe ta ko ya yi mata yanka. Aikinta kaɗi, mutane ke harɗe zaren da halinsu. In kuma kina da niyyar bugawa ki kai kasuwar Kano, wannan iyakar za ta sauƙaƙa miki a gaban hukumar tace finafinai da ɗab'i ta jihar, wadda ke aiki tun 2001.