Faifan jaz na farko: Coltrane ko Rollins?

Tambaya: Ina so in fara sauraron kiɗan jaz na mutum huɗu da mai busa saksofon ke jagoranta. An ce mini ko dai A Love Supreme na John Coltrane, ko Saxophone Colossus na Sonny Rollins. Kuɗina na ɗaya ne. Wanne zan saya?

Amsa: Ɗan'uwa, fara da Rollins. An naɗi faifan a 1956, Tommy Flanagan na kan fiyano, Doug Watkins na kan bas (babban kayan kiɗa mai tsirkiya da sauti mai kauri), Max Roach na kan ganguna. Kiɗan farko, "St. Thomas", da salon kalifso na tsibiran Karibiyan ya zo, kunne na kama shi tun jin farko. Rollins kan ɗauki 'yar gajeriyar murya ya yi ta juya ta, kana biye da shi ba ka ɓata.

Na Coltrane kuwa ba a jin sa ana hira. A rana ɗaya aka naɗe shi, 9 ga Disamba 1964, a sutudiyon Rudy Van Gelder da ke New Jersey a Amurka, tare da McCoy Tyner da Jimmy Garrison da Elvin Jones. Kashi huɗu ne a sarƙe, wajen minti 33, godiya ce ga Ubangiji. Wanda ya tsinci kashi ɗaya daga tsakiya, ko ya bar waya ta cakuɗa jerin, zai ce hayaniya ce. Ajiye shi ya zama sayayya ta biyu.

Tambaya: Na samu A Love Supreme, amma a wayata sai busa da ƙarar kuge nake ji. Ko in sayi faifan garmaho?

Amsa: Laifin lasifikar waya ne. Ginshiƙin kashin farko sauti huɗu ne da Garrison ke ta maimaitawa a kan bas, ƙaramar lasifika kuma ba ta fitar da sauti mai kauri irin wannan. Sa iyafis a kunnuwa biyu, domin an raba kayan kiɗan hagu da dama. Da kunne ɗaya rabin ƙungiyar ka sallama.

Garmaho kuwa, sai an yi tunani. Zafi na lanƙwasa faifai, musamman in an bar shi a mota ko an jibga wasu a kansa, don haka a tsaye ake jera shi. Ƙurar hunturu na cika layukansa har ya riƙa ƙas-ƙas. Allurar injin garmaho in ta yi nauyi ta cinye faifan, in ta yi sakayau ta riƙa tsalle. Yawancin allurai nauyin wajen giram 2 suke so, amma duba takardar bayanin taka. In na hannu za ka saya, karkata shi a haske, ka shafa da yatsa: karcen da farce ya ji, kunne ma zai ji.

In ba ka da injin tun farko, nemi CD na A Love Supreme, fitowar 2002 mai faifai biyu. Na biyun na ɗauke da wasan da Coltrane da ƙungiyarsa suka yi a garin Antibes ta Faransa a Yulin 1965.