Tambaya da Amsa: An Rufe Mini Akawun ɗin Gem, Ina Zan Kai Kuka?

Wasiƙun wannan wata daga zangunan Kumasi kusan duk a kan abu ɗaya suka zo, wato rufe akawun a wasannin intanet. Mun zaɓi guda biyar.

Daga wani matashi a Aboabo: Assalamu alaikum. Shekara uku ina buga wani wasan harbe-harbe a waya, na kashe kuɗi da yawa a kan kaya da bindigogi. Ranar Asabar na buɗe, sai na ga an rubuta an rufe ni na shekara 10. Wallahi ban taɓa sa maguɗi ba. Abokina kawai na ba shi ya ɗaga mini matsayi na kwana biyu. Yaya zan yi?

Wa alaikumus salam, ƙanenmu. Maganar abokinka da ka yi ita ce amsar tambayarka. Ba ka faɗi sunan wasan ba, amma shekara 10 hukunci ne da PUBG Mobile da Call of Duty Mobile suke yanke wa wanda na'urarsu ta kama da manhajar maguɗi, irin mai saita bindiga da kanta ko mai nuna abokin gaba ta bayan bango. Free Fire kuwa rufewar har abada take yi a kan wannan laifin. Dukkansu sharaɗinsu ɗaya ne: duk abin da aka aikata da akawun, mai akawun ne ya aikata. Ba da aron akawun ma kansa saɓa ƙa'ida ne. Saboda haka in ka rubuta musu cewa abokinka ne ya yi, ka amsa laifi biyu a takarda ɗaya.

Kafin ka rubuta komai, zauna da abokin nan ka tambaye shi a wace waya ya shiga, da abin da ke cikinta. Mutane da yawa ba su ɗauki waɗannan a matsayin maguɗi ba, alhali suna jawo rufewa: manhajar gyara hoton wasa da ake kira GFX, wasan da aka sauko da shi daga Telegram ko wani shafi maimakon Play Store, fayil ɗin da ke cire ciyawa ko hana bindiga girgiza, wayar da aka fasa mata tsaro, da buga wasan waya a kwamfuta da manhajar da kamfanin bai amince da ita ba. Ga PUBG Mobile da Call of Duty Mobile, GameLoop ce aka amince da ita. In ya tabbata ɗaya daga cikin waɗannan na wayarsa, gaskiya mai ɗaci ita ce da wuya a buɗe maka.

In kuwa kun bincika ba ku ga komai ba, to ka kai ƙara, don na'ura ma tana kuskure. Fara da ɗaukar hoton saƙon rufewar yadda yake, har da kwanan wata da duk wata lamba da ke jikinsa. Nemo lambar ɗan wasa taka, wadda ke ƙarƙashin sunanka a shafin bayananka. Suna ana canza shi, lamba ba ta canzawa, kuma da ita suke nemo ka. Sai rasit. In ta Play Store ka taɓa sayen wani abu, Google ta aiko maka imel mai lambar ciniki da ke farawa da GPA. Mafi tsufan rasit shi ya fi daraja, domin ɓarawon akawun ba ya da shi. Rubuta samfurin wayarka, da Gmail ko Facebook ɗin da akawun ke ɗaure da shi, da lokacin da ka yi wasan ƙarshe. Agogon Ghana daidai yake da GMT duk shekara, don haka rubuta lokacin ka sa GMT a gaba, ba sai ka yi lissafi ba.

Inda za ka aika: Free Fire tana da shafin taimako na Garena, kamfanin da ke da wasan, inda za ka shiga da akawun ɗinka ka cike fom. PUBG Mobile da Call of Duty Mobile suna da sashen taimakon 'yan wasa a cikin wasan, ga kuma shafukansu na taimako a intanet. Sharhi a ƙarƙashin tallarsu a Facebook ba ƙara ba ne, babu mai karanta shi sai 'yan damfara.

Takardar kanta ta zama da Turanci mai sauƙi, kada ta wuce layi takwas zuwa goma. Layin farko lambarka da ranar rufewa. Na biyu abin da saƙon ya ce. Sai wayar da kake amfani da ita da inda ka sauko da wasan. Sannan ka nemi abu ɗaya tak: a sa mutum ya sake duba bayanan wasanninka na waɗannan ranaku. Maƙala hotunan, ka aika. Rantsuwa da labarin kuɗin da ka kashe da barazanar kotu ba sa motsa wanda ke karanta ɗaruruwan irinta a rana. Abin da zai iya dubawa a kwamfutarsa shi yake nema. Kada kuma ka yi ƙarya cewa waya ɗaya aka taɓa shiga da ita, suna ganin kowace waya da ta taɓa buɗe akawun ɗin. Ramin ƙarya ƙurarre ne, a nan ma ya fi ƙurewa.

Aika sau ɗaya, ka ajiye lambar ƙorafin da za a ba ka, ka riƙa duba imel har da akwatin tarkace. In an amsa, mayar da martani a cikin wannan ƙorafin. Buɗe sababbi goma a kan magana ɗaya sai dai ya sa a haɗe su ko a rufe su.

Daga wata ɗaliba a Asawase: Wani a WhatsApp yana sayar da daimon, wato kuɗin sayen kaya a cikin wasa, a rabin kuɗi. Na tura masa kuɗin ta MoMo, wato asusun kuɗi na waya, na ba shi imel da kalmar sirri ya zuba mini. Daimon sun shigo. Bayan mako biyu aka kwashe su, yanzu kuma an dakatar da ni. Ina da saƙon MoMo, zai isa shaida?

Ƙanwarmu, saƙon MoMo yana nuna kin biya wani mutum, ba ya nuna kin biya kamfanin. Ga yadda cinikin nan ke tafiya. Mai sayarwar ya shiga akawun ɗinki ya sayi daimon da katin banki na sata, ko da nasa katin sannan ya nemi a mayar masa da kuɗinsa. Idan mai katin ya farga bankinsa ya janye kuɗin, kamfanin wasan ya yi asara, sai ya waiwayi akawun ɗin da ya ci kayan. Shi ya sa ake ɗaukar lokaci kafin abin ya fashe. Araha ba ta ado.

Amma matsalarki ta fi ta mai maguɗi sauƙi, don ta kuɗi ce, kuma a wasu wasannin biyan abin da aka janye yana buɗe ƙofa. Kafin ƙara, gyara gida tukuna. Canza kalmar sirrin imel ɗin yau, kunna tabbatarwa mai mataki biyu, shiga sashen tsaro na Google ko Facebook ki fitar da duk wayar da ba taki ba, amma ki ɗauki hoton jerin kafin ki fitar da su, domin shi ne zai nuna baƙuwar waya ta shiga a ranar da aka yi sayen. Duba kuma ko ya sauya lambar waya ko imel na dawo da akawun; da yawansu suna barin wannan ƙofar don su dawo daga baya. Sannan ki rubuta gaskiya a taƙaice: kin saya a hannun wani ba tare da sanin asalin kuɗin ba, ga ranar, ga adadin, kina tambaya ko akwai bashin da za ki biya a buɗe. Suna iya ƙi, tunda ba da kalmar sirri saɓa ƙa'ida ne.

Saƙon MoMo kuwa yana da amfani a wani wurin. Lambar cinikin da lambar wayar mutumin su ne za ki kai wa kamfanin layinki, da kuma Hukumar Tsaron Intanet ta Ghana, wadda ake kira ko a tura mata saƙo a 292. Nan gaba, halastaccen mai zuba daimon lambar ɗan wasa kawai yake tambaya. Duk wanda ya nemi kalmar sirri, ba zubi ya zo yi ba.

Daga wani a Sawaba: Akwai mai cewa yana da ɗan'uwa a cikin kamfanin, in ba shi sidi 300 ya buɗe mini cikin awa 24. In gwada?

A'a, ɗan'uwa. Hukuncin yana kwamfutocin kamfanin ne, ba a wayarka ba, kuma ɗaukaka ƙara kyauta ce a duk inda ake karɓarta. Mutumin nan ɗayan uku zai yi: ya karɓi kuɗin ya toshe ka, ya cike fom ɗin da kai ma za ka iya cikewa, ko ya jira dakatarwar kwana bakwai ta ƙare da kanta ya ce aikinsa ne. Daga baya zai ce ka karanto masa lambar da aka turo maka ta saƙo, ko ka aiko da hoton Ghana Card. Da waɗannan ba akawun ɗin gem kaɗai zai tafi ba, har WhatsApp ɗinka da MoMo suna cikin hatsari. Manhajojin "buɗe akawun" da ke yawo a YouTube ma tarko ne na satar kalmar sirri.

Daga mai gidan gem a Tafo Zango: Ina da PS4 guda huɗu. Ɗaya ta daina shiga intanet, tana nuna WS-37368-7. Wasannin ƙwallon da na saya duk suna kan wannan akawun. Wani dillali ne yake sa mini kuɗi a ciki. Na'urar ce ta mutu?

Alhaji, na'urarka lafiya lau, akawun ne aka dakatar, kuma wannan lambar galibi tana fitowa ne idan an janye kuɗin wani ciniki, akawun ya zama da bashi. Gwaji mai sauƙi: shiga da wani akawun a na'urar. In ya shiga, akawun kaɗai aka riƙe. In kowane akawun ya ƙi, to na'urar aka hukunta, wannan kuwa ya fi nauyi.

Je ka imel ɗin da aka buɗe akawun da shi, Sony tana aika dalilin dakatarwa can. A nan masu gidajen gem da yawa ke maƙalewa, don dillalin ne ya buɗe musu da nasa imel. In haka ne, sai ka karɓo shi ko ta halin ƙaƙa, babu ƙara ba tare da shi ba. Abu na biyu: Ghana ba ta cikin jerin ƙasashen PlayStation Network, shi ya sa akawun ɗinmu na nan rajistar Amurka ko Ingila ce, kuma ba a sauya ƙasar akawun bayan an buɗe. Don haka sashen taimako na waccan ƙasar za ka tuntuɓa, kuma katin kuɗin da za ka biya bashin da shi dole ya zama na waccan ƙasar: na dala ga akawun ɗin Amurka, na fam ga na Ingila. Katin dala ba ya shiga akawun ɗin Ingila, kuɗinka sai su maƙale. Kada ka sayi katin sai sun faɗa maka adadin bashin. Ka tanadi sunan akawun, imel, ranar haihuwar da aka sa lokacin rajista, da lambar jikin na'urar.

Tunda yara ne ke zama a kan na'urorin, kashe saƙonni da hirar murya a akawun ɗin shago. Zagin da yaro ɗaya zai tura wa abokin karawa a Turai ya isa a dakatar da kai, kuma saƙon yana nan a rubuce, babu musu. Masu Xbox su ma su sani, tun 2023 Microsoft tana tara wa ɗan wasa maki na laifi. In sun kai takwas, shekara ɗaya ke nan ba hira ba wasa da jama'a, kuma a shafinta na hukunci ake neman a sake duba shari'a. Masu sayen sulallan Ultimate Team, sashen haɗa ƙungiya a wasan ƙwallon kamfanin EA, a hannun 'yan kasuwa kuma, EA tana iya kwashe sulallan, ta hana su kasuwar 'yan ƙwallo, ko ta rufe akawun gaba ɗaya.

Daga wata uwa a Alabar: Na saya wa ɗana waya ta hannu a Adum. Ya sa wasansa, yana buɗewa aka ce an haramta wa wayar. Shi kuma tsohon akawun ɗinsa ya tafi da wayar da ta lalace. Kwana biyu ba ya cin abinci.

Hajiya, Allah ya shirya mana su. Matsala biyu ce. Ta farko, wasu wasannin, irin su Free Fire, suna hukunta wayar kanta idan an kama ta da maguɗi, don kada mai laifin ya buɗe sabon akawun ya ci gaba. Da alama wanda ya riƙe wayar kafin ku ne ya jawo. Goge waya ta koma sabuwa ba lallai ya cire wannan ba. Hanya mafi kusa ita ce ki koma shagon da rasit, yaron ya buɗe wasan a gaban mai shagon, ki nemi canji. Za a iya rubuta wa kamfanin a haɗa da hoton rasit mai kwanan wata da lambar IMEI, wadda ke fitowa in an danna *#06#, amma kada ki sa rai sosai. Kuma kafin a warware, kada ya shiga da wani akawun mai daraja a wannan wayar.

Ta biyu, tsohon akawun. Tambaye shi da me yake shiga. In da Gmail ko Facebook ne, akawun na nan, zai same shi a kowace waya mai tsabta da zarar ya tuna kalmar sirri. In ya manta, lambar wayar da aka yi rajistar da ita za a tura wa saƙo, don haka a tabbata layin yana aiki, domin layin da aka daɗe ba a amfani da shi ana iya ba wani. In kuwa a matsayin baƙo yake shiga, bayanan shigar suna cikin wayar da ta lalace ne kawai. Kada a yar da ita, kada kuma mai gyara ya goge ta ko ya sake mata manhaja. Ki ce masa allo ko batir ko wurin caji kawai zai taɓa, ta kunnu ko na minti goma ne, yaron ya shiga saitin wasan ya ɗaure akawun ɗin da Gmail, sannan ya rubuta lambar ɗan wasansa a takarda ya ba ki ki ajiye.