Amsa: Daga ina unguwar Oval ta samo sunanta?

Malam, ka tambaya ko filin wasan kurket (wasan da ake bugun ƙwallo da sanda) ne ya ci sunan unguwar Oval ta kudancin Landan. A'a, unguwar ce ta ci sunan filin. Asalin wurin Kennington ne, cikin ƙaramar hukumar Lambeth. Filin, mai siffar ƙwai (ma'anar "oval" ke nan da Turanci), an buɗe shi a 1845, kuma ƙungiyar kurket ta Surrey ke wasa a cikinsa har yau. Da aka kawo tashar jirgin ƙarƙashin ƙasa a 1890 aka laƙaba mata sunan, sai ya bi bakin jama'a.

Abin da ke burge ni, a nan aka buga wasan ƙarshe na kofin FA na farko, a 1872. 'Yan ƙwallo ma suna da rabo a wurin.