Kundin Jagoran Waƙarmu Duk Kiɗan Na'ura Ne, Ya Dace da Sujada?

TAMBAYA: Gaisuwa mai yawa, Malam. Ni 'yar ƙungiyar mawaƙa ce a ikkilisiyarmu, shekara tara ke nan ina amshi a bayan wani ɗan'uwa da yake jagorantar mu lokacin yabo. Kwanan baya ya fitar da kundin waƙoƙinsa na farko, shi kaɗai, ba da sunan ƙungiya ba. Waƙa goma ce, ga su nan na haɗo maka. Na ɗauka zan ji jita da ganga da muryoyi yadda muka saba, sai na ji wani kiɗa kamar kaɗawar iska, wani wurin kuma ƙit-ƙit-ƙit kamar agogo. Ya ce duka da sintesaiza ya haɗa su a ɗakinsa. Kalmomin dai na yabon Ubangiji ne. Amma ƙungiya ta rabu biyu: matasa suna so mu fara rera su ran Lahadi, wasu dattawa kuma suna cewa kiɗan gidan rawa ne aka sa wa rigar coci. Ni kuma, in faɗi gaskiya, raina ya ɗan sosu, domin ko mutum ɗaya daga cikinmu bai kira ba. Mece ce wannan na'ura, kuma ta dace da sujada?
Daga wata 'yar'uwa cikin Almasihu

AMSA: 'Yar'uwa, sannu da hidima. Na saurari waƙoƙin sau biyu, na biyun da dare bayan gida ya yi tsit. Tambaya uku kika ƙunsa a takarda ɗaya, wadda kika ɓoye a wutsiya kuwa ita ta fi ci miki rai. Za mu zo kanta.

Jita tsirkiya ce ke kaɗawa ta ba da sauti, ganga fata ce, sarewa iska. A sintesaiza lantarki ne da kansa ke kaɗawa. Akwai sashen da ke haifar da ɗanyen sauti, wani zizar ƙudan zuma marar daɗin ji. Wani sashen ya tace shi kamar da rariya, ya rage masa kaushi. Na uku shi ke yanke yadda sautin zai shigo da yadda zai mutu: ko ya faɗo kwatsam kamar bugun kuge, ko ya taso sannu-sannu kamar wayewar gari. Wannan na biyun shi ne "iskar" da kika ji. Ni shimfiɗa nake kiransa, domin a kansa ake ɗora komai. Ƙit-ƙit ɗin kuma, mutum ne ya danne maɓalli uku ko huɗu ya riƙe, na'urar tana zana su ɗaya bayan ɗaya da saurin da aka saita mata.

Abin ba na jiya ba ne. Wani injiniya a Amurka, Robert Moog, ya fito da tasa a 1964, kuma na farko-farkon sai su cika bango, wayoyi na rataye ko'ina. A 1970 aka yi ƙaramarta, Minimoog, wadda mutum zai iya ɗauka, amma sauti ɗaya tak take iya fitarwa a lokaci guda. Prophet-5 ta 1978 ta iya biyar, kuma tana tuna saitin da aka yi mata. A 1983 kamfanin Yamaha ya fitar da DX7, a shekarar ce kuma aka fara amfani da MIDI, wato harshen da waɗannan na'urori ke magana da juna da kwamfuta. Fiyanon nan mai ƙara kamar gilashi da ya cika waƙoƙin sanyi na shekarun 1980, na coci da na waje, daga DX7 yawancinsa ya fito.

Na kawo wannan ne domin ki kai wa dattawanku wata magana, cikin ladabi. Kibod ɗin da ke gaban majami'arku jikar waɗannan na'urori ce. Duk ranar da makaɗinku ya danna maɓalli aka ji kamar goge ashirin sun tashi lokaci ɗaya, babu goge ko ɗaya a cikin akwatin. Ni na yi sama da shekara ashirin ina zaune a bayan irin wannan akwati, ban taɓa jin wanda ya ce na kawo gidan rawa ba, saboda sautin yana kwaikwayon abin da kunnensu ya sani. Laifin ɗan'uwanku kawai shi ne ya bar na'urar ta yi magana da muryarta.

Ogan ma, wato babban kayan kiɗan nan mai maɓallai da bututun iska, da yau ake ganin babu kayan kiɗan da ya kai shi kama da coci, da baƙin jini ya shigo. A Iskandariya ta Masar aka ƙirƙiro shi, a ƙarni na 3 kafin haihuwar Almasihu, kuma Romawa sun riƙa kaɗa shi a filayen da ake haɗa mutane faɗa ana kallo. A shekara ta 757 sarkin Rumawan gabas ya aika wa sarkin Farankawa da guda a matsayin kyautar fada, sai daga baya ya samu gindin zama a majami'u. Ko bayan nan bai tsira ba. A birnin Zurik, zamanin Zwingli, jagoran gyaran ikkilisiya a can, an daina kaɗa shi, a 1527 aka kwance na babbar majami'a ɗungurungum, alhali Zwingli da kansa gwanin kayan kiɗa ne. Kalbin, shi ma jagoran gyaran ikkilisiya a Janeba, ya ce murya zalla za a rera Zabura da ita. Yawancin ikkilisiyoyin Otodoks har gobe haka suke yi. Da Laurens Hammond ya fito da ogan mai lantarki a 1935, masu ogan na bututu suka ce jabu ne. Majami'un baƙaƙen fatar Amurka suka rungume shi, yau kuwa da wuya a yi zancen kiɗan bishararsu ba a ambace shi ba.

Zabura ta 150 ta jero ƙaho da molo da garaya da ganga da sarewa da kuge, wato duk abin da ke hannun mutanen wancan zamani. Zabura 33:3 ta ce a rera sabuwar waƙa, a kuma kaɗa da gwaninta. Don haka in tambayar ita ce ko na'urar haramtacciya ce, amsata a'a.

Sai dai ban yarda a mayar da dattawan nan marasa kan gado ba. Abin da suke ji a jikinsu gaskiya ne, suna ne kawai suka ba shi wanda ba nasa ba. Ta bakin annabi Amos, a sura 5 aya 23, Ubangiji ya ce a kawar masa da hayaniyar waƙoƙi, ba zai saurari molayensu ba, ga shi kuwa molo ne irin na Dawuda. Manzo Bulus kuma a 1 Korintiyawa 14 ya ce ko sarewa ko garaya, in ba ta fitar da sauti a rarrabe ba, wa zai gane abin da ake kaɗawa? Ya ce zai rera da ruhu, ya kuma rera da fahimta.

A nan ne nake ganin matasanku ma sun yi gaggawa. Waƙar sauraro daban, waƙar jama'a daban, kuma kundin nan yawancinsa na sauraro ne. Ɗauki ta huɗu. Kyakkyawa ce, ta sa na ajiye abin da nake yi. Amma ya fara ta can ƙasa kamar mai raɗa, da ya zo amshi ya tsallake matakalar sauti takwas sama lokaci ɗaya. Shi muryarsa ta horu. Taron jama'a, tsoho da yaro, mace da namiji, da ƙyar suke wuce matakala takwas zuwa goma gaba ɗaya ba tare da wasu sun yi shiru ba. Ta bakwai kuma tana da dogon fili a tsakiya inda babu kalma ko ɗaya, sauti ne kawai ke buɗewa yana rufewa. A kunne, da dare, addu'a ce. A majami'a, mutum ɗari uku ne a tsaye suna kallon mutum ɗaya.

Akwai kuma abin da ni ya taɓa ba ni kunya. Irin wannan kiɗa hawa-hawa ne, wani lokaci sauti talatin a kan juna, hannu biyu ba za su iya ba. Sai a ɗauko shi daga kwamfuta, makaɗa su sa abin ji a kunne, wani ɗan ƙwanƙwasa yana ƙirga musu lokaci don kada su saɓa da ita. Mun taɓa gwadawa. Muka kai amshi na ƙarshe, jama'a suka kama shi da gaske, wata dattijuwa a layin gaba ta durƙusa, jagoranmu ya ɗaga yatsa yana juya shi, alamar a maimaita. Kwamfuta ba ta ga yatsa ba. Ta wuce abinta zuwa rufewa da ganguna da komai, jama'a suna wani wuri, sifika tana wani wuri. Na miƙa hannu na kashe ta, aka ƙarasa da murya. Manhajojin yanzu suna ba da damar maimaita sashe da taka feda ɗaya, amma sai an sami wanda ya ƙware, idonsa kuma yana kan mutane.

Shimfiɗar nan ma tana da nata. Shekaru na yi ina danne maɓalli uku a ƙarƙashin addu'ar fasto, don na san tana tausasa zuciya. Ba laifi ba ne, ai da garaya Dawuda ya kwantar wa Saul da hankali. Amma wata rana na ɗage hannuna a tsakiyar addu'a, sai na ga kawuna suna ɗagowa, kamar an yanke wani abu. Tun ran nan nake barin wasu addu'o'in su tafi a shiru, don kada mu saba wa mutane cewa sai na'ura ta yi gunji Ubangiji yake kusa.

Ga abin da za ku yi. Ranar koyon waƙa ku kashe komai, har makirfo. Ku sa ɗan'uwan ya rera kowace waƙa sau biyu da bakinsa kawai, ga wadda ta fi kowa shekaru a ƙungiyar. Wadda ta iya kama amshinta a zagaye na uku, ta Lahadi ce, ku sauke ta zuwa inda muryar kowa za ta kai, ya sa mata sintesaizarsa yadda yake so muddin ana jin jama'a a kanta. A kunnena ta biyu da ta biyar da ta tara za su haye. Sauran bakwai ɗin a bar su a waya da mota, can ne gidansu. Kuma kada a bar shi ya zama shi kaɗai ke zaɓen waƙoƙin Lahadi yanzu da yake da kundin da yake so a sani. Wannan kariya ce gare shi, kafin bakin mutane ya fara.

Saura wutsiyar takardarki. Ɗaukar muryoyin ƙungiya yana buƙatar babban ɗaki da makirfo da yawa da ranar da kowa zai samu zuwa. Irin kundinsa kuwa mutum ɗaya ke yin sa da tsakar dare, da makirfo ɗaya, yana gogewa yana sakewa. Kuma mai jagorantar jama'a shekara da shekaru yakan tara waƙoƙin da ya san ba na jama'a ba ne, na kokawarsa ce shi da Ubangijinsa. Ki sake sauraron ta bakwai da wannan a ranki. Duk da haka shekara tara ba kwana tara ba ce, ya kamata a ce daga bakinsa kuka fara ji. Ki same shi ke da shi, kafin maganar ta zaga ƙungiya ta dawo masa da ƙari, ki ce masa, "Ɗan'uwa, na ji daɗin aikin, amma na ji zafin yadda muka ji labarinsa." In da rabon kundi na biyu, ki gaya masa kina da murya.

TAMBAYA: Baba, ina kaɗa kibod a taron matasa, ina so in fara haɗa irin wannan kiɗa. Dole sai na sayi babbar na'ura?
Daga wani ɗanka

AMSA: Ɗana, ba dole. Kwamfutar da ke hannunka, da ƙaramin kibod na MIDI mai maɓalli 49, da abin ji na kunne mai kyau sun isa, domin yau yawancin waɗannan na'urori akwai kwaikwayonsu a manhaja, wasu ma kyauta. Kada ka bi sauti dubu da aka zuba maka. Ɗauki guda, ka yi mako kana murɗa matacinsa kawai har ka san abin da kowane murɗi yake yi. Kuskuren da na fi ji wurin masu farawa shi ne cika tsakiya. Muryar mutum a tsakiyar kibod take zaune, in ka jibge shimfiɗa mai kauri a nan, kalmomi sun nutse. Hannun hagu kuma ka ɗage shi daga can ƙasa in akwai mai jitar bes, wurinsa ne. In ka gama haɗawa, kunna wa wanda bai san waƙar ba a ƙaramar sifikar waya, ka ba shi biro da takarda ya rubuta maka baitin farko.